Alade ɗaya, kasuwa goma: inda cinikin ɗanyen naman alade ya dosa a sassan duniya

Ranar 10 ga Satumban 2020 hukumomin Jamus suka tabbatar cewa wani mushen aladen daji da aka tsinta a jihar Brandenburg, 'yan kilomitoci daga iyakar Polan, yana ɗauke da zazzaɓin aladu na Afirka. Mushe ɗaya ne tal, a cikin daji, har ya ruɓe. A ranar babu gona ko ɗaya a ƙasar da cutar ta shiga. Duk da haka kafin mako ya zagayo Koriya ta Kudu da Sin da Japan sun rufe ƙofa ga naman alade na Jamus gaba ɗaya, farashin da mayanka ke biyan masu kiwo kuma ya rikito daga Yuro 1.47 zuwa 1.27 a kan kilo a dare ɗaya. Manomin da ke can yammacin ƙasar, wanda tsakaninsa da wurin mushen akwai ɗaruruwan kilomitoci, ya wayi gari kowane ƙosasshen alade da ke gonarsa ya rage daraja da kusan Yuro 20.

To me ya sa rufe ƙofar Sin zai girgiza ƙasar da 'ya'yanta da maƙwabtanta ne ke cinye mafi yawan abin da take yankawa? Amsar tana kan teburin mahauta.

A babbar mayanka ta zamani alade yana shiga a dabba ɗaya, ya fito haja iri-iri. Ana tsaga gangar jikin gida biyu, ta kwana a rataye a ɗakin sanyi, da safe ta hau bel. Ma'aikacin farko ya cire cinya, na gaba ya fitar da kafaɗa, wani ya raba gadon baya da haƙarƙari, wani ya yanke shimfiɗar ciki, wato naman nan mai hawa-hawan tsoka da kitse. Ƙafafu da kunnuwa da wutsiya da kai da kayan ciki kowanne yana faɗawa nasa kwandon. Daga nan kuma hanya ta rabu. Ɗan Koriya shimfiɗar ciki yake nema don gashi a tsakiyar tebur, har ranar 3 ga Maris suka ware mata. Ɗan Japan ya fi son gadon baya. Kamfanonin Meziko cinya mai ƙashi suke saye tirela-tirela. Ba'amurke ya fi damuwa da haƙarƙari da naman cikin da ake gishirtawa a banda shi don karin kumallo. Ƙafa da kunne da hanji kuwa, waɗanda a Turai ba su da kasuwa sosai, har wasu sai a yi abincin karnuka da su ko a narkar da su, a Sin abinci ne mai daraja da ake biya da kyau. 'Yan fawar Turai suna kiran waɗannan tarkace rubu'i na biyar, kuma sau da yawa a cikinsu ribar mayanka take. Idan mai sayen ƙafa ya janye, ƙafar ba ta daina fitowa, tunda kowane alade da huɗu yake zuwa. Asarar sai dai a ɗora wa mai kiwo, ko a ƙara wa mai sayen gadon baya a kanti.

Wannan shi ne abin da ya kamata a riƙe kafin a karanta kowane hasashe a kan wannan kasuwa. Jimlar tan kaza da aka samar ba ta faɗin komai sai an san wane yanki na jikin, da kuma wace ƙofa ce a buɗe gare shi.

Wanda ba ya cin wannan nama, ko don addini ko don ra'ayi, zai iya cewa ba ruwansa. Akwai ruwansa kuwa. Duniya na samar da kimanin tan miliyan 115 na naman alade a shekara, kuma masara da waken suya ne aka mayar nama. Sin kaɗai tana shigo da waken suya sama da tan miliyan 100 a shekara, kusan kashi 60 cikin 100 na duk wanda ke ƙetare iyakoki, akasari don a matse mai a ciyar da aladu da kaji da ƙulinsa. Idan garken Sin ya ƙaru, abincin kaji yana tsada a ƙasashen da ba su taɓa ganin gonar alade ba. Idan naman alade ya yi ƙaranci, masu cinsa kan koma kan kaza da naman shanu, farashin waɗannan ma ya ɗaga.

Sai batun kalmar ɗanye, domin a nan ne taswirar kasuwar ke fitowa. Nama iri uku ne a wannan ciniki. Akwai mai ɗumi, wanda aka yanka da tsakar dare aka sayar kafin hantsi, bai taɓa ganin firji ba. Akwai sanyayye, wanda aka ajiye dab da ma'aunin daskarewa ba tare da ya zama ƙanƙara ba, aka zuƙe iskar ledarsa, yana iya kai makonni shida ko makamancin haka idan sanyin bai katse ba. Sai daskararre, mai iya shafe watanni. Mai ɗumi ba ya wuce garin da aka yanka shi. Sanyayye yana tafiya iya inda kwanakinsa za su kai shi a bar wa mai kanti lokacin sayarwa. Shi ya sa Kanada da Amurka da Meziko suka mamaye kasuwar sanyayyen nama ta Japan: daga gaɓar yammacin Amurka ta Arewa jirgin ruwa kan kai cikin kusan makonni biyu. Daga Turai tafiyar ta haura wata guda, don haka Sifaniya da Danmak daskararre suke turawa, wanda ya fi arha kuma masana'antu ne suka fi sayensa. Gaba ɗaya abin da ke ƙetare iyakokin manyan yankuna bai fi kashi ɗaya cikin goma na naman duniya ba. Saura duk a gida ake cinye shi. Amma wannan ɗan kason ne ke yanke farashi, kamar yadda 'yan buhunan ƙarshe da suka yi kwantai ke karya kasuwar hatsi.

Akwai kuma halin dabbar kanta. Cikin alade kwana 114 ne, wata uku da mako uku da kwana uku kamar yadda masu kiwo ke haddacewa. Ɗan da aka haifa yana buƙatar kusan wata shida kafin ya isa yanka. Wato shawarar da manomi ya yanke yau ta ƙara iyaye mata, sai bayan wata goma ko fiye za ta zama nama a kasuwa. Farashi ya yi kyau, kowa ya ƙara garke a lokaci guda, bayan shekara nama ya yi ambaliya, farashi ya faɗi, kowa ya sayar da iyayen, bayan wata shekarar kuma a shiga ƙaranci. Masanin tattalin arziki Arthur Hanau ya yi bayanin wannan kai-komo a Jamus tun 1928, har yau bai gushe ba. Abinci kuwa shi ke cin kusan kashi biyu cikin uku na kuɗin kiwo, don haka mai kiwo idonsa ɗaya na kan farashin nama, ɗayan na kan masara.

Yanzu mu shiga Sin, inda rabin aladun duniya suke, inda kuma komai ya sauya tun daga 2018.

A watan Agustan 2018 aka tabbatar da ɓullar zazzaɓin aladu na Afirka a birnin Shenyang. Cutar ba ta kama ɗan Adam, amma a kan alade kusan ba ta barin mai rai, kuma ƙwayarta na daɗewa a cikin nama da tayar mota da takalmin ma'aikaci. A Kenya aka fara bayyana ta a 1921, ta shiga Jojiya a 2007, ta ratsa Rasha da gabashin Turai. Da ta isa Sin, alƙaluman gwamnati sun nuna garken ƙasar ya sauko daga miliyan 428 a ƙarshen 2018 zuwa miliyan 310 a ƙarshen 2019. Naman da ake samarwa ya faɗo daga tan miliyan 54 zuwa kusan 41 a 2020. Wannan giɓin ya fi duk abin da Amurka ke samarwa a shekara. A Nuwamban 2019 farashin naman ya ninka na bara har da ɗori, ƙarin kashi 110 cikin 100. Ga talakan da naman alade ne abin miyarsa na kullum, wannan ba lissafin takarda ba ne.

Sin ta bazama sayen nama daga ko'ina. A 2020 ta shigo da tan miliyan 4.39, abin da ba a taɓa gani ba. Masu kiwo a Sifaniya da Birazil da Amurka da Kanada suka sha romo, wasu suka ci bashi suka faɗaɗa gonaki da zaton kasuwar ta zauna ke nan. Ba ta zauna ba. Gwamnatin Sin ta zuba tallafi, ta sassauta dokokin filaye, manyan kamfanoni suka shiga gine-gine ba ji ba gani. A Ezhou da ke lardin Hubei an gina bene mai hawa 26 na aladu zalla, ana hawa da su a lif, abinci na zuwa ta bututu, ma'aikata sai sun yi wanka an yi musu feshi kafin su shiga, kuma sukan kwana a ciki kwanaki ba fita. Kamfanin Muyuan kaɗai ya sayar da aladu sama da miliyan 70 a 2024. Zuwa 2023 ƙasar ta samar da tan miliyan 57.9, fiye da kafin annoba. Aladen da a ƙarshen 2019 kilonsa da rai ya kai kusan Yuan 40, a kakar 2021 ya dawo ƙasa da Yuan 13. Naman da ake shigowa da shi kuma ya ragu zuwa tan miliyan ɗaya da 'yan kai a 2024, kwatankwacin kashi ɗaya cikin huɗu na 2020.

Abin da ya fi damuna a wannan labari shi ne waɗanda aka bari a baya. Kafin annobar kusan rabin aladun Sin a hannun ƙananan masu kiwo suke, ciki har da iyalai masu 'yan aladu a bayan gida, waɗanda su ne asusunsu na biyan kuɗin makaranta da asibiti. Cutar ta share garkensu, dokokin tsabta da suka biyo baya kuma suka fi ƙarfin aljihunsu. Yanzu manyan gonaki ne ke da fiye da kashi biyu cikin uku. Wannan ya sauya yanayin kasuwar ma. Ƙaramin manomi idan ya ga asara yakan sayar ya huta, nama ya ragu, farashi ya farfaɗo. Kamfanin da ya ci bashin biliyoyi ya gina bene ba zai iya barin benen fanko ba, sai ya ci gaba da cika shi ko da asara yake yi. Shi ya sa faɗuwar farashi a Sin yanzu take daɗewa fiye da da.

Gwamnati kuwa ba ta sakin linzami. Tana da rumbun daskararren nama na ƙasa, tana saye idan farashi ya faɗi, tana fitarwa idan ya hau, musamman gab da bikin sabuwar shekara. Ma'auninta shi ne kwatanta farashin kilon alade da na kilon masara: idan ya yi ƙasa da shida bisa ɗaya a fara gargaɗi, ƙasa da biyar bisa ɗaya kuwa a shiga sayen gaggawa. Tana kuma ƙayyade adadin iyaye mata da take so ƙasar ta riƙe. A 2021 miliyan 41 ne, a Maris ɗin 2024 aka rage zuwa miliyan 39. Wannan ragin ya faɗi komai game da inda aka dosa. Yawan jama'ar Sin ya fara raguwa tun 2022, tsofaffi na ƙaruwa, matasan birni na karkata ga kaza da kifi da naman shanu. Wanda ke jiran Sin ta dawo sayen miliyoyin tan na tsoka daga waje, jiran gawon shanu yake yi, sai fa idan wata annobar ta sake aukuwa. Abin da za ta ci gaba da saye shi ne ƙafa da kunne da kayan ciki, domin ko garkenta ya kai nawa, buƙatar waɗannan ta fi abin da yake bayarwa.

Akwai wani sauyi a cikin gida da ya shafi ɗanyen nama kai tsaye. Da can aladu masu rai ake lodawa a mota a yi doguwar tafiya da su zuwa birane, a yanka da dare, da asuba matar gida ta je kasuwa ta taɓa naman da yatsa ta ji ɗuminsa kafin ta saya. Motocin nan su suka yi ta yaɗa cutar. Tun daga nan manufar hukuma ta koma a yanka kusa da gona a yi jigilar nama a motar sanyi. Sannu a hankali sanyayyen nama cikin leda na cin kasuwar mai ɗumi, manyan kantuna da masu kai saƙo gida na ƙwace cinikin mai tebur a kasuwa.

Turai ita ce ta biyu a samarwa, kuma ita ce ta fi jin jiki. Tarayyar Turai ta kai tan miliyan 23 da ɗoriya a 2021, zuwa 2023 ta sauko ƙasa da 21. Abubuwa ne suka haɗu mata. Kasuwar Sin ta ja baya. Yaƙin Yukiren a 2022 ya tsauwala kuɗin hatsi da makamashi. Mutanen arewacin nahiyar sun rage ci, a Jamus abin da mutum ɗaya ke ci a shekara ya sauko ƙasa da kilo 30. Ga dokokin muhalli: Holan tana biyan manoma kuɗi su rufe gonaki saboda yawan sinadarin naitirojin da kashin dabbobi ke zubawa a ƙasa da ruwa, Danmak kuma ta amince da harajin hayaƙin dabbobi da zai fara aiki a 2030. Kamfanin Danish Crown na Danmak ya rufe mayankarsa ta garin Ringsted a 2024 don babu isassun aladun da za su cika ta. Cibiyar kiwon ta gangara kudu, Sifaniya ta sha gaban Jamus ta zama ta ɗaya, da kusan tan miliyan 5, akasari daga Aragon da Kataloniya, inda kamfani ke ba manomi 'ya'yan aladu da abinci, shi kuma ya ba da gini da aikinsa.

Sannan siyasa ta shigo. Da Tarayyar Turai ta nufi ɗora haraji a kan motocin lantarki na Sin, a Yunin 2024 Sin ta buɗe bincike a kan naman aladen Turai, tana zargin ana jibge mata shi ƙasa da farashi. A Satumban 2025 ta sa harajin wucin gadi daga kashi 15.6 zuwa 62.4 cikin 100, a Disamba ta tsayar da shi tsakanin 4.9 da 19.8 na tsawon shekara biyar. Manomin Lleida a Sifaniya bai taɓa ƙera mota ba, amma kunnuwan aladunsa ne suka biya kuɗin rigimar. Hasashena ga Turai shi ne garke zai ci gaba da tsukewa a arewa, ɗanyen nama zai fi tsayawa cikin nahiyar, farashinsa a kanti kuma ba zai koma yadda yake kafin 2022 ba, tunda kowace sabuwar dokar walwalar dabbobi kuɗi ce.

A Amurka lissafin daban ne. Masara da waken suya a ƙofar gida suke, jihar Ayowa kaɗai na riƙe da kusan kashi ɗaya cikin uku na aladun ƙasar, kuma kusan rubu'in abin da ake samarwa waje ake kai shi. A 2024 sun fitar da tan miliyan 3 da 'yan kai, na dala biliyan 8.6. Babban mai sayensu Meziko ce, da sama da tan miliyan ɗaya, mafi yawa ɗanyar cinya da ke tsallaka iyaka a motar sanyi cikin kwana biyu ko uku. Wannan shi ne ciniki mafi girma na ɗanyen yanka tsakanin ƙasashe biyu a wajen Turai, kuma kusanci ne ya gina shi. Rauninsa shi ne dogaro da mai saye ɗaya. A 2018, lokacin rigimar harajin ƙarafa, Meziko ta ɗora kashi 20 cikin 100 a kan cinya da kafaɗar Amurka, sai a Mayun 2019 aka janye. Masu kiwon ba su manta ba.

A cikin gida kuma dokar Kalifoniya ta raba kasuwar ɗanyen nama biyu. Masu zaɓe suka amince da ita a 2018, Kotun Ƙoli ta tabbatar da ita a Mayun 2023, ta fara aiki sosai a farkon 2024. Ta ce duk ɗanyen yankan da za a sayar a jihar dole ya fito daga uwar da aka ba fili aƙalla murabba'in ƙafa 24, ko a wace jiha aka yi kiwon. Dafaffen nama da wanda aka haɗa cikin wasu abinci ba su shiga ba. Ka ga matsalar: manomi ya kashe kuɗi ya gyara gininsa saboda alade sukutum, amma sassan da ake sayarwa ɗanye, irin su gadon baya da haƙarƙari da shimfiɗar ciki, su ne kawai za su samu ƙarin farashi a Kalifoniya, don haka dukkan kuɗin gyaran a kansu yake sauka. A ganina bai wa dabba filin juyawa abu ne da ya dace, keji da uwa ba ta iya ko waiwayawa a ciki ba abin karewa ba ne. Sai dai gaskiya ce kuma cewa babban kamfani ya fi ƙaramin manomi iya ɗaukar nauyin sauyin, kuma mai ƙaramin albashi ne ke ganin bambancin a kanti.

Faɗuwar wani tashin wani. Birazil ce ke kwashe abin da Turai ke saki. Tana da masara sau biyu a shekara, tana da waken suya fiye da kowa, kuɗin kiwonta na cikin mafi arha a duniya, zazzaɓin aladu na Afirka kuma bai shige ta ba a wannan zagayen. A 2024 ta fitar da tan miliyan 1.35, kuma a shekarar Filifins ta karɓe matsayin Sin a matsayin babbar mai sayenta. Jihar Santa Katarina ce kan gaba, domin tun 2007 aka amince ba ta da ciwon kofato da baki ba tare da riga-kafi ba, shaidar da Japan da Koriya ke nema kafin su buɗe ƙofa. A Mayun 2025 hukumar lafiyar dabbobi ta duniya ta ba ƙasar gaba ɗaya wannan shaida. Nisa ne kawai ke taƙaita ta, shi ya sa ƙarfinta a daskararre yake.

Kudu maso gabashin Asiya nan ne buƙata ke ƙaruwa da gaske. Biyetnam ta hallaka aladu kusan miliyan 6 bayan cutar ta shige ta a Fabrairun 2019. Filifins, da cutar ta shiga a shekarar, har yau garkenta bai dawo daidai ba, gwamnati ta rage kuɗin fito zuwa kashi 15 da 25 cikin 100 har zuwa 2028 don nama ya sauƙaƙa. Amma mutanen yankin naman asuba suka saba da shi, don haka na waje ya fi tafiya masana'antu da gidajen abinci, farashin ɗanye a kasuwa kuma ya ci gaba da bin lafiyar garken gida. Japan tana shigo da kusan rabin abin da take ci, kasuwa ce mai tsada amma ba ta girma, ƙarfin Yen ne ke juya ta. Rasha, wadda a da take cikin manyan masu saye, ta rufe ƙofa ga Turai a 2014, ta gina nata gonakin har ta ƙoshi, a 2024 ta fara tura wa Sin. A Afirka kudu da Sahara kiwon na hannun ƙananan manoma, cutar kuma ta zama 'yar gida, ƙasashe irin su Angola da Kwango da Kodebuwa kan shigo da daskararrun ƙafafu da wutsiya da sauran sassa masu arha.

Idan aka haɗa wannan duka, buƙatar duniya ba za ta yi tsalle ba. Kaza ta riga ta sha gaban alade a matsayin naman da aka fi samarwa, tana isa yanka cikin makonni shida, tana cin abinci kaɗan, babu addinin da ke da yawan mabiya da ya ware ta da hani. Hasashen hukumomin noma na duniya ya daɗe yana nuna ita za ta ɗauki mafi yawan ƙarin cin nama a shekaru goma masu zuwa. Abin da zai motsa farashin ɗanyen naman alade daga shekara zuwa shekara shi ne girbin masara, da rigimar haraji, da cuta. Biyu na farko ana iya hango su. Ta ukun ba ta sallama.

Riga-kafi har yanzu bai zama mafita ba. Biyetnam ta amince da sayar da allurai biyu a Yulin 2023, ita ce ta farko a duniya, amma da ƙwayar cuta mai rai da aka raunana ake yin su, manyan ƙasashe masu fitar da nama kuma ba su karɓe su ba. Don haka kariya ta koma shinge da wanka da feshi. Danmak ta kafa shingen waya mai tsawon kilomita 70 a iyakarta da Jamus a 2019 don tare aladun daji. Cutar dai ta ci gaba da tsallake-tsallake: ta bayyana a Jamhuriyar Dominika a 2021, dab da ƙofar Amurka, ta shiga arewacin Italiya a Janairun 2022.

Saboda haka takardar da ta fi kowace daraja a wannan ciniki yanzu ita ce yarjejeniyar keɓe yanki, wato mai saye ya yarda tun kafin cuta ta zo cewa idan ta ɓulla a lardi ɗaya, lardin kawai za a rufe, ba ƙasar duka ba. Jamus ba ta da irinta da Sin a 2020. Faransa ta samu tata a Disamban 2021. A ƙarshen Nuwamban 2025 aka tsinci mushen aladun daji biyu a dajin da ke bayan Basalona, karon farko da cutar ta dawo Sifaniya tun 1994, a ƙasar da ke fitar da naman alade na kusan Yuro biliyan 9 a shekara. Japan da Meziko suka dakatar da saye daga ƙasar baki ɗaya, farashi ya faɗi a kasuwar Lleida, aka tura sojoji su taya killace dajin. Sin kuwa lardin Basalona kaɗai ta rufe, domin makonni kaɗan kafin nan ƙasashen biyu sun sa hannu a kan yarjejeniyar keɓe yanki. Kwantenonin ƙafa da kunne daga mayankun Aragon suka ci gaba da hawa jirgi.